Fure Biyu a Ƙirjin Yefim

A garin Krutoyar ba a kiran ɗan sama-jannatin da mutum-mutuminsa ke tsakiyar dandali da sunansa. "Namu" ake ce masa, tun ranar da ya dawo daga sararin samaniya, laimarsa ta sauke shi a gonar alkama da ke bayan gari, yau shekara hamsin ke nan. Ana gobe bikin tunawa da saukar tasa aka buga wa Sufeto Rodion Shubin waya da sassafe, aka ce ga gawa a ƙarƙashin ƙafafun Namu.

Gawar Yefim Trofimovic ce, dattijon da kowa ya sani a matsayin wanda ya fara tarbar Namu a gonar, wanda kuma shi ke fara ajiye fure kowace shekara kafin magajin gari. An fasa masa ƙeya, an sake fasawa. Jini ya gangaro matakalar dutse ya gauraya da ƙanƙarar da ke narkewa.

Can gefe kuma ana cusa wani a motar asibiti, fuskarsa ta kumbura har ba a gane ta.

"Farhod ne, baƙon nan Batajike da ke share dandali," in ji Saje Glebov. "Jama'a sun same shi durƙushe a kan gawar, hannunsa duk jini. Sun rufar masa da shebur da takalmi. Yallaɓai, aiki ya ƙare tun bai fara ba. Na sa a ɗaure shi da ankwa a jikin gado."

"Ka tambaye shi?"

"Da wane bakin zai amsa?"

Sufeto ya san garinsu. In aka wayi gari ranar biki ba a nuna wa mutane wani mai laifin ba, Farhod zai tafi kurkuku har ƙarshen ransa, in ma an bar shi ya fita asibiti da rai.

Ya tsuguna gaban gawar. An naɗe wa mamacin hannuwa a ƙirji, an ɗora jan fure guda biyu. Ya ɗaga kai, sai ga fure ɗaya tak, ɗanye, a kan takalmin Namu.

"Glebov, fure nawa ake kai wa mamaci?"

"Biyu, ko huɗu. Mai rai kuwa ɗaya, ko uku. Ko kakata ta san wannan."

"Namu fa?"

"Namu ai bai mutu ba a wurinmu. Uku ake kawo masa."

"To haka muka gada. Wani ya zo da uku domin Namu, ya yi kisa, sannan ya kasa barin gawa ba fure, ya raba. Wanda ya yi wannan ɗan garin nan ne, kuma ya san mamacin. Baƙon da ya zo bara bai san wannan rabon ba."

Rumfar fure ɗaya ce a dandalin, ta Gwaggo Zinaida. Ya same ta tana yayyafa wa furanni ruwa.

"Zinaida Pavlovna, wa ya sayi fure yau da safe?"

"Haba Rodion, ni da na yi maka wanka kana jinjiri za ka titsiye? Ba wanda ya saya. Kowa gobe yake jira."

Sufeto ya ɗaga furen da ya ciro daga ƙirjin gawar. Guntun shuɗin zare na maƙale a karansa, irin wanda ke rataye a wuyanta.

"Gwaggo, akwai bawan Allah can da aka karya wa haƙarƙari saboda wannan furen. In kika yi shiru, ke ma kin sa ƙafa."

Ta zauna a kan bokiti. "Kuzma Ilyic ne. Uku ya saya. Ya sha ado da kwat ɗinsa na biki, yana ta fara'a, ya ce yau Yefim zai cika masa alkawari. Abokai ne tun suna matasa, Rodion. Ba zai yi ba."

Gidan Kuzma na bayan tashar jirgin ƙasa. Matarsa Taisiya ce ta buɗe ƙofa, ta tare hanya da jikinta.

"Ba shi da lafiya. Ƙafa ta hana shi fita tun jiya."

"To bari in duba shi, Taisiya Markovna. Ba a hana baƙo gaida mara lafiya."

Kuzma na zaune a bakin tebur, ga shayi ya huce, ga baƙin burodi bai taɓa ba. A baho kusa da murhu an jiƙa kwat, ruwan ya yi ja. Sandarsa mai kan ƙarfe na jingine da bango, an wanke ta tas, ba ta ko bushe ba.

"Kuzma Ilyic, ina ka je da safe?"

"Ban fita ba."

"Wa ake wanke wa kwat ana gobe biki? Yaushe zai bushe?"

Sufeto ya ajiye furanni biyun a kan tebur, kusa da burodin. Kuzma ya dube su.

"Kai yaro ne, Rodion Matveyic, lokacin ba a haife ka ba. Ni ke kan tarakta ranar da Namu ya sauka. Ni na ga laima tana saukowa, ni na kwance masa igiya, ni na ba shi ruwa daga gorata. Yefim na can gindin bishiya yana barci. Da manya suka iso da masu hoto, sai suka ce ubana ya taɓa zaman sansanin ɗaurarru, ɗan irin wannan gida bai dace da jarida ba. Suka tashi Yefim, suka goge masa fuska, suka tsayar da shi."

"Shekara hamsin kana haƙuri. Me ya canza yau?"

"Ya rantse mini a kan kabarin uwarsa, bana zai faɗi gaskiya gaban jama'a. Muka haɗu mu tsara yadda za a yi. Sai ya kwashe da dariya, ya ce, 'Kuzya, tsohon jaki, ni kaina yanzu na fi tuna ranar fiye da kai.' Na ɗaga sanda. Ya faɗi, na ƙara. Ina jin ƙashi na fashewa, ban iya tsayawa ba."

Taisiya ta toshe baki da gyale.

Wayar Sufeto ta yi ƙara. Glebov ne daga asibiti. Sufeto ya saurara, ya ce, "A cire masa ankwa yanzun nan. Ka kuma kamo mini duk wanda ya ɗaga shebur, ko ɗan waye." Ya mayar da wayar aljihu.

"Farhod zai rayu," ya ce. "Sai dai idonsa na dama ya tafi. Kuzma Ilyic, da suka rufar masa, kana ina?"

Tsohon ya sunkuyar da kai. "A tashar bas. Tsallaken titi."

"Kana gani?"

"Ina gani."

"Kai da aka ɗauki aikinka aka ba wani, ka tsaya kallo ana ɗora naka a kan wani."

A tsarin da Sufeto Shubin ya gada daga magabatansa, ba a sa wa dattijo ankwa a cikin gidansa, gaban iyalinsa. Ya ciro ta, ya ɗaura masa a nan bakin tebur, ya matse. Sannan ya tasa shi gaba zuwa mota, ba sanda, yana ɗingishi a cikin taɓo.