Alƙur'anin da Khaulat Ta Rubuta

Ranar wata Laraba da hantsi, ana tsakiyar kakar gyaɗa, Khaulat ta ɗiga wasalin ƙarshe a kan Suratun Nasi, ta ajiye alƙalami, ta zuba wa takardar ido har tawadar ta bushe. Shekara uku da wata biyu ke nan tana wannan aiki: Alƙur'ani izu sittin, da ka, ba tare da ta buɗe wani ta duba ba. Ta waiga tana neman wanda za ta gaya wa. Ba kowa a ɗakin sai 'yarta Asiya, mai wata goma, tana barci da yatsa a baki.

A tsakar gida matan gidan Liman suna ɓarar gyaɗa suna ta hira. Da za ta fita ta ce musu ta kammala, iyakacin abin da za ta samu shi ne "To, sannu," sannan a tambaye ta ko ta ɗora sanwa. Ba mugunta ce ta sa su ba. A Kukar Malam, wani ƙauye da ke yamma da Ɗambatta, ba a taɓa ganin mace da kwalbar tawada ba, sai dai in an aiko ta wanke allo ta sha. Masallacin garin ma ba shi da wajen mata, kuma ba wanda ya taɓa jin cewa akwai abin da ya rage. Karatu na maza ne, mata kuwa su ji ta kan katanga in iska ta kaɗo musu lasifika.

Ita kuwa a Bacirawa ta tashi, a gaban mahaifinta Alaramma Basiru, wanda Allah bai ba shi ɗa namiji ba, ya juye mata duk abin da ke kansa. Ya rasu da wata shida kafin aurenta. Tun daga ranar da aka kawo ta gidan nan ba ta sami wanda za su yi zancen karatu ba in ban da mijinta, Abdulhadi, malamin firamare, ɗan Liman Malam Nababa. Shi ne ke hawa bas zuwa Kano ya sayo mata takarda, shi ne kuma ke feƙe mata alƙaluma, ko da yake sau da yawa sai ta sake gyarawa in ya fita, don kada ta kunyata shi.

Da ya dawo bayan azahar ta miƙa masa shafin ƙarshe. Ya duba, ya sake dubawa, sai ga hawaye a idon ƙato.

"Khaulat, kin sauke? Wallahi ban san abin da zan ce miki ba. Bari in je in gaya wa Baba."

"Ka ci abinci tukuna, Abban Asiya."

Ina, ya riga ya fice da takalmi a hannu. Da ya san abin da zai biyo baya, da ya zauna ya ci tuwonsa.

Washegari Malam Nababa ya sa aka kira su zaurensa. Tsoho ne mai kwarjini, shekara arba'in yana limancin garin, yanzu kuwa ido ya fara gajiya, har mutane sun soma raɗe-raɗin wanda zai gaje shi. Wasu na cewa Abdulhadi ɗan boko ne, gara a ba Malam Naziru na unguwar gabas. Khaulat ta durƙusa daga bakin ƙofa, kanta a ƙasa.

"Na ji abin alherin da aka yi a gidan nan," in ji Malam. "Allah Ya yi albarka. Zan aika wa Gwani Muntaka na Bici ya duba shi da mutanensa, sannan mu yi walima. Saura shafi ɗaya, wanda marubuci ke sa sunansa. Ke za ki rubuta, don hannun ya zama ɗaya da na ciki. Ki sa Abdulhadi ɗan Nababa."

Khaulat ta ji kamar an tsoma ta a randa. Ta saci kallon mijinta. Yana ta kallon tabarma.

"Baba, a gafarce ni," ta ce da ƙyar. "Ai ba shi ya rubuta ba."

"Wa ya sayi takardar? A ɗakin wa aka yi? Abin da mace ta yi a gidan mijinta na mijinta ne. Ko so kike a kira sunan matar aure a lasifika, gardawa suna maimaitawa a bakin kasuwa? Limancin nan tun kakana yake gidan nan. In gari ya ji ɗana ya rubuta Alƙur'ani da ka, magana ta ƙare."

"Baba, duk abin da ka ce in yi zan yi. Amma hannuna ba zai iya rufe littafin Allah da ƙarya ba."

Ba a taɓa yi wa Malam Nababa musu a zaurensa ba, balle suruka. Bai ɗaga murya ba. Ya ce a kawo masa Alƙur'anin a gafakarsa yadda yake, shafin a bar shi fari, ranar walima Gwani zai sa sunan da hannunsa don neman albarka. Ya sallame su da bayan hannu.

A ɗaki Abdulhadi ya tsaya jikin ƙofa kamar baƙo.

"Please, Khaulat, ki fahimce ni. Mahaifina ne. Ni da ke ai mun san gaskiya, Allah ma Ya sani. Mene ne a suna?"

"In ba komai a suna, me ya sa ake son naka?"

Ita da kanta ta jera takardun, ta ɗaure, ta sa a gafaka, ta miƙa masa da hannu biyu.

"Ga shi. Ba zan yi rigima ba, ba kuma zan gaya wa kowa ba. Sai dai ka sani, ba don a yabe ni nake so ba. A shafin nan ake rubuta wanda ya koya wa mutum, duk mai karantawa ya yi masa addu'a. Babana bai bar ɗa ba, bai bar makaranta ba. Ni kaɗai ya bari."

Ya karɓa ya fita ya nuna wa Malam, daga nan zai wuce da ita Bici. Sai da ta ji tashin babur ɗinsa sannan ta kifa kai a kan katifa ta yi kuka mai isarta.

Kwana arba'in Alƙur'anin ya yi a Bici, kuma Khaulat ba ta taɓa ganin kwanaki masu tsawo irinsu ba. Labari ya zaga gidan cewa ta yi wa Malam tsaurin ido. In ta fito tsakar gida hira ta mutu, in ta koma ta tashi. Inna Rahmatu, uwar mijinta, ta rage amsa gaisuwarta zuwa "lafiya" ɗaya tak. Da hantsi, lokacin da ta saba zama rubutu, sai ta rasa inda za ta sa hannunta. Takan zauna ta biya wa Asiya karatu, yarinyar tana jan bakin mayafinta tana dariya. Sau biyu tana haɗa kaya a zuciyarta ta tafi Bacirawa, sai ta tuna gidan an raba gado, mahaifiyarta tana zaune a wajen kawun Khaulat, ba ta da ɗakin da za ta sauke ta.

Abin da ya fi ci mata rai shi ne Abdulhadi. Bai daina kawo cefane ba, bai taɓa yi mata tsawa ba, amma ya daina haɗa ido da ita. Yakan ci abinci da sauri kamar wanda bas ke jira. Tana son sa, tana kuma jin haushinsa, ta kasa raba ɗaya da ɗaya. Duk da haka ba ta fasa kai masa ruwan wanka ba, ba ta kuma sake ɗaga maganar ba ko sau ɗaya. In ta idar da salla takan ce, "Ya Allah, Kai ne shaida," ta shafa.

Ranar walima aka tashe ta tun asuba, don ita ce gwanar waina a gidan. Haka ta wuni gaban tanda tana soya wainar bikin aikinta, hayaƙi yana ba ta uzurin jan ido. Bayan la'asar maza suka cika ƙofar masallaci, mata suka jeru a gindin katanga daga cikin gida. Lasifika ta yi ƙara, muryar wani dattijo ta fito a hankali.

"Ni ne Muntaka. Mu shida muka bi littafin nan harafi-harafi. Gyara bakwai muka samu a izu sittin, su ma na wasali ne. Ni nawa na farko sai da aka yi mini gyara talatin. Liman ya roƙe ni in sa sunan marubuci da hannuna. Ga alƙalami, ga tawada. Malam Abdulhadi, faɗi cikakken sunan da zan rubuta, jama'a su shaida."

Khaulat ta ci gaba da juya waina. Ta riga ta yi wa kanta alkawarin ba za ta yi kuka a gaban mata ba.

Wata ta fara tambaya ko batir ne ya mutu. Can sai ga muryar Abdulhadi tana rawa.

"Allah gafarta Gwani, kada ka sa sunana. Ko ɗigo ɗaya ban yi a littafin nan ba. Ni izu ashirin ne a kaina, su ma sai ana tuna mini. Matata ce ta rubuta, Khaulat 'yar Alaramma Basiru na Bacirawa. Baba, ka yafe mini. Kwana arba'in ina neman yadda zan ja mutane salla da wannan a wuyana, ban samu ba."

Waje ya ruɗe da hayaniya. A cikin gida kuwa duk mata suka juyo suna kallon Khaulat, wainar da ke tanda tana ƙonewa ba ta sani ba.

Gwani ya bari aka lafa, sannan ya ce, "To, ba ma karɓar magana haka nan, ko daga namiji. Wanda ya ce ya rubuta da ka, sai mun ji kan. A sa labule a zaure. Matan Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ta bayan labule sahabbai suka ɗauki ilimi a wajensu. Mu ba mu fi su kishi ba."

Inna Rahmatu ce da kanta ta karɓi Asiya daga bayan Khaulat, ta ce, "Je ki wanke hannunki." Aka rataya zane a tsakiyar zaure. Khaulat ta zauna daga ciki. Gwani ya ja mata baki daga Baƙara, ta ɗauka. Ya tsallaka zuwa A'arafi, wajen da ayoyi ke kama da juna har gardawa su ɓata hanya, ta bi ta fita. Ya koma baya, ya yi gaba, ya yanko tsakiyar aya, duk inda ya ajiye ta sai ta tashi daga nan. Tun muryar tana rawa har ta daidaita, ta cika zauren. Mutanen Kukar Malam ba su taɓa jin mace tana karatu a fili ba, sai ga su tsaye cirko-cirko har bakin hanya.

Da Gwani ya gamsu, ya turo shafin da alƙalamin ta ƙarƙashin zanen.

"Alaramma, wannan ba aikina ba ne. Rufe littafinki."

Ta tsoma alƙalami a tawada. Ta rubuta sunanta, ta rubuta na mahaifinta, da roƙon duk wanda ya karanta ya nema masa rahama. A nan alkawarin da ta yi wa kanta ya karye, sai da ta kawar da fuska don kada hawaye ya ɓata tawadar.

Gaskiyar ba ta zo a kyauta ba. Bayan ƙaramar salla dattawa suka ba Malam Naziru limanci, limancin ya bar gidan da ya yi zamani uku a ciki. Malam Nababa ya yi wata biyu ba ya amsa gaisuwar ɗansa. Amma tsohon malami ne, ya san abin da ya ji a zauren nan. Wata rana ya sa aka share zauren, ya aika wa Inna Rahmatu cewa daga Asabar duk matar da ke son karatu ta zo da hantsi, surukarsa za ta biya mata. Ranar farko mata huɗu suka zo. Kafin damina sai da aka ƙara tabarmi.

Ran da aka naɗa sabon liman, Khaulat ta tarar da mijinta zaune a bakin gado ya yi tagumi. Ta zauna kusa da shi.

"Abban Asiya, saboda ni ka rasa."

"Ban rasa abin da yake nawa ba," ya ce. Ya ɗago ya dube ta ido cikin ido. "Na bar ki ke kaɗai kwana arba'in a gida cike da mutane. Shi ne abin da nake so ki yafe mini."

"Na yafe tun kana tsakiyar magana a lasifika."

'Yan'uwana matasa, ilimi ba ya tambayar mai ɗauke da shi namiji ne ko mace, kuma gidan da ya ɓoye hasken 'yarsa don ya ɗaukaka ɗansa, kansa ya cuta. Khaulat ba ta yi rashin kunya ba, ba ta kuma yarda ta sa hannu a ƙarya ba. Ta yi haƙuri ta bar wa Allah, Shi kuwa Ya fito da haƙƙinta ta bakin mutumin da ta fi jin ciwon shirunsa.