Ruwan da Zakariyya Ya Kawo Cikin Lagireto

Ina tattara sifanu zan rufe gareji, rana ta yi ja, sai ga Zakariyya ya shigo da babbar motarsa. Ƙanen matata ne, direban albasa. Daga Aliero yake lodi har cikin Kamaru, kuma bai taɓa kawo mini aiki da rana tsaka ba, sai ana shirin kiran magariba.

Ni gyaran lagireto ne sana'ata, a Sabon Garin Jega. Filin nan gadonsa na yi, da shi nake ci da iyali. Na gaji da gaya wa direbobi su daina zuba wa mota ruwan kwata. Ba sa ji.

Zakariyya ya ce injin ba zafi yake yi ba, sanyi yake yi. Na harare shi, na ɗora hannu a kan lagireton. Motar da ta wuni tana gudu, amma ƙarfen kamar randa. Har raɓa yake yi.

"Ina kas samo ruwan ga?"

Ya yi ta kame-kame, sai da na daka masa tsawa. Wai wajen hawan wani dutse motar ta tafasa, ya bi wata 'yar hanya da jarka, ya tarar da tafki a ƙoli. Zagayayye, kore, duwatsu sun kewaye shi kamar bakin tukunya. Ba gulbin da ke shiga, ba wanda ke fita. Wani malamin makaranta da ya rage wa hanya ya gaya masa a da dutsen wuta yake amai, da ya mutu bakinsa ya rufta, ruwan sama ya cika ramin. Amma mutanen wani ƙauye da ke gindin dutsen sun ce ba haka ba ne. Sun ce kawo tafkin aka yi, a cikin gora, daga wata ƙasa. Dutsen ma daga baya ya taso ya rungume shi.

"Sun hana ni ɗiba, Yaya," ya faɗa ƙasa-ƙasa. "Ni ko mota nika ji."

Haushi ya cika ni. Na ce ya je ya yi salla, in zubar da ƙazantar in huta. Na shiga ƙarƙashin motar, na kwance tiyon ƙasa. Ko bisimilla ban tsaya yi ba.

Ruwan ya zubo. Sanyinsa ya ratsa mini ƙashi. Wani wari ya taso, na ruɓaɓɓen ƙwai da jiƙaƙƙen ganye.

Na san abin da lagireto ke ci, bokiti biyu ya isa. Wannan ya wuce nan, bai rage ƙarfi ba. Kuma bai gangara kwata ba. Taruwa yake yi a ƙarƙashina, yana zagaye. Na yi tsaki, na ce filin nan zai lalace, na kama tiyon zan mayar. Ya ƙi shiga. Na sake. Ya ƙwace.

Sai na lura ba na jin komai. Ba babur, ba ladan, ba janareton maƙwabta. Sai ɗigar ruwa, da kukan wasu kwaɗi da ban taɓa jin irinsu ba.

Ƙasar da nake kwance a kai ta yi laushi.

Na miƙa ƙafa in dafa. Babu ƙasa.

Ruwan ya kai mini wuya. Na leƙa ciki, na ga zurfi, kore, har inda ido ya gaza. Can ƙasa wani abu yana tasowa a hankali. Fuska ce, doguwa, ba gira.

Bakinta bai motsa ba, amma na ji maganar a cikin kunnena.

"Ina dutsin?"

Na ce, "Babu dutsi nan. Jega ta."

Sai na sake jin muryarta a kunnena.

"To, mu yi wani."

Na kama ƙarfen motar da hannu biyu. Wani abu mai santsi ya naɗe mini idon sawu, ya ja. Na buɗe baki, addu'a ta ƙi fita, sai sunan Allah kaɗai. Shi na yi ta maimaitawa har na ji an fizgo ni ta kwalar riga. Zakariyya ne ya dawo daga masallaci. Takalmina ɗaya ya tafi.

Washegari aka janye motar da sarƙa. Ruwan ya zauna, faɗin tabarma. Na zuba tifar yashi, ya haɗiye. Na zuba ɓaraguzai, ya haɗiye. Bazara ta zo, rijiyoyin unguwa suka ja baya, shi ko yatsa bai ragu ba. Masu kawo gyara suka ɗauke ƙafa, dole na koma bakin titin Maiyama ina aiki a rumfar aro. Har yau in na ga Zakariyya raina ɓaci yake yi.

Jiya na leƙa filin. Da, daga titi kai tsaye ake shiga garejina. Yanzu sai an ɗan hau tudu.