Tulun Ƙarfen Jethro

Ranar Alhamis ce, gab da magariba, a makon da sojoji suka miƙa mulki ga farar hula, abin ya fara a gidan Saratu da ke unguwar Television.

Saratu ce mai buga tulu a zumuntar matan cocinsu. Tulunta na ƙasa ya fashe, ga sujadar godiya ran Lahadi, don haka ta buɗe ɗakin aikin marigayi mijinta. Jethro makanike ne a masaƙa, amma zuciyarsa tana kan abin da yake kira ilmin girgiza. Yakan ce kowane abu yana da muryarsa, gishiri da ƙarfe, har da lokaci. In ka gano muryar ka buga ta daidai, abin zai saki kamanninsa. Ya rasu bara, ya bar wani tulun ƙarfe mai wayar tagulla naɗe a wuya. Shi Saratu ta ɗauko, ta zauna a tsakar gida, ta daki bakinsa da tafin hannu.

Ƙarar ba ta mutu ba. Ta yi ƙasa, ta shige cikin daɓe, ta ci gaba da gurnani. Kaji suka yi tsit. Can sai tsakuwa ta fara sauka kan kwanon rufi, ɗaya bayan ɗaya, ba hadari, ba kowa a bayan katanga. Tuwon da ke kan murhu ya koma gari, garin ya koma tsabar masara. Agogon bango ya juya yana tafiya da baya.

Duk wannan Saratu ta daure. Abin da ya karya mata gwiwa shi ne Comfort, 'yarta tilo, mai koyon ɗinki. Kullum in rana ta yi ja, tulun ya soma gurnani da kansa, sai yarinyar ta sandare, in ta farfaɗo wani abu ya ragu a jikinta. Tabon ƙunar dutsen guga ya ɓace daga hannunta. Rigunanta suka yi mata yawa. Ta zauna gaban keken ɗinki ta rasa inda ake sa zare.

Matan zumunta suka yi azumi da addu'a. Daga baya Saratu ta taka har Unguwar Mu'azu wurin Malam Haladu, tsohon abokin Jethro.

"Maman Comfort, na faɗa wa mijinki ya bar kiran abin da bai san sunansa ba," in ji Malam. "Ya ce mini ai kimiyya ce."

Ya iso da yamma, ya shimfiɗa buzunsa, ya dafa goshin yarinyar yana karatu a hankali. Da tulun ya fara, bakin Comfort ya buɗe, wata tsohuwar murya mai kauri ta fito.

"Ina kwance ƙarƙashin gidan nan tun kafin a haƙa harsashinsa. An kira ni da muryata, na amsa."

"To ka koma," in ji Malam.

"Ba da kai nake ciniki ba, Malam. Saratu, ki sake buga shi yadda kika buga. Zan ja kwanaki baya, Jethro ya shigo da kekensa da ƙullin tsire. Shekarun yarinyar kawai nake ci."

Sai muryar ta sauya, ta zama ta Jethro sak. "Sara, buɗe mini ƙofa mana."

Saratu ta juya. Ta dubi 'yarta, wadda wuyan rigarta ke zamewa daga kafaɗa. Ta miƙe tsaye.

"Ni na yi wa Jethro wanka, ni na zuba ƙasar farko a kabarinsa. Mijina bai taɓa cin rabon 'yarsa ba, ko na nama. Ɓarawo! Ka ari muryarsa ka zo mini gida?"

Ta ɗauko taɓarya za ta rotsa tulun. Malam ya tare ta. "In ya fashe, ƙarar ta watsu unguwa. Ki raba shi da muryar tasa."

Duk mai buga tulu ta san ruwa yana canza masa amo. Saratu ta jawo bokiti, tana zuba ruwa da hagu, tana bugu da dama, tana rera waƙar zumunta da ƙarfi. Gurnanin ya fara sirancewa. Tsakuwa ta yi ta zuba kan kwano, ita kuwa ba ta ɗaga kai ba.

"Ku bar mini wurin zama!" in ji muryar.

"Bakin kogi, can ƙasa da gada, inda ba gidan kowa," in ji Malam. "Ka mayar da abin da ka ci."

"Zan mayar, ban da shekara ɗaya. Ta riga ta narke."

Ruwa ya cika tulun har baki. Saratu ta sake dukansa, ba amo. Agogon bango ya tsaya, sannan ya kama tafiya gaba.

Comfort ta farka da tabonta a hannu, ta ce tana jin yunwa, ta tambaya ko Baba ya dawo daga aiki. Saratu ta zaunar da ita ta faɗa mata ya rasu tun bara. Washegari suka cika tulun da siminti, sannan Saratu ta kai ta maƙabarta ta nuna mata kabarin.