Almakashin Nomau Mai Majigi

Ku matso, ku rage murya. Wanda ya yi min dariya, wallahi shi kaɗai zai je rufe ƙofar zaure.

A zamanin da fim ba ya magana, an yi wani Nomau mai majigi, yana bin ƙauyuka da akwatinsa a kan jaki. Shi ke haska hoto a bango, shi ke yi wa mutanen ciki baki. Muryarsa ce abincinsa, ga shi da iyayi.

Zaren fim ɗin ya tsufa, kullum sai ya tsinke. In zai liƙa, dole ya yanke ɗan guntu. Ba ya taɓa jarumar fim ɗin. Wata 'yar aiki da ke tsaye bayanta da faranti, ita yake datsewa. Yau inda ta miƙa hannu, gobe inda ta waiwayo.

"Wa ya san da ita?" in ji shi.

Ran nan da almuru, a hanyar rafi, jakin ya coge. Mace ce tsaye. Ba launi a jikinta, toka-toka har idanu. Ba ta takawa. Tana can, sai ga ta nan, kamar an cire tsakiyar tafiyarta.

"Baiwar Allah, lafiya?"

Bakinta ya motsa. Ba sauti.

Ta ɗaga hannu. Yatsu biyu kawai suka rage. Gefen fuskarta a datse yake tsaf, yankan almakashi. Nomau ya gane ta.

"Ki yi min rai! Ban san..."

Ta fyaɗa shi da ƙasa, haƙora suka zube. Ta danne ƙirjinsa da gwiwa har haƙarƙari ya ce ƙas. Ta zaro almakashinsa daga aljihu, ta cusa yatsun nan biyu a bakinsa, ta jawo harshen. Yana shure-shure, jini na shaƙe shi. Ƙyat!

Ta haɗiye harshen. Sai ta yi magana, da muryar Nomau sak.

"Shekara goma sha tara ina riƙe wa wasu faranti a fim. A mare ni, a wurgo ni daga bene, sau biyu ina karyewa. Ko sunana ba a rubuta ba. Na mutu, ɗan hoton nan ya rage min, kai kuma kana yanka."

Makiyaya ne suka tsince shi da sauran numfashi. Ya ƙara shekara talatin a duniya bai ce uffan ba. Har yau tausayinsa nake ji, wallahi.

Kada wanda ya bi hanyar rafin nan shi kaɗai. In kun ji namiji ya yi muku sallama ta baya, kada ku amsa. Nomau ya daɗe a kabari. Ita ce, ba ta gama faɗin nata ba.