Babban Yatsan Umma

A wani gari an yi wata yarinya mai son wasan tseren mota a wayar uwarta. Wasa da safe, wasa da yamma, har karatu ya lalace. Sai uwar ta kulle wasan, ba ya buɗuwa sai da babban yatsanta.

Rannan uwar ta ƙunsa lalle, ta bar yatsan a waje saboda waya, ta kishingiɗa ta lumshe ido. Yarinya ta lallaɓo. Ga yatsa, ga waya, ga motoci suna jira! Ta kamo yatsan, ta dubi fuskar uwarta, sai ta sake shi, ta jawo littafinta.

Uwar ta buɗe ido. "'Yar nan, tun ɗazu gabana ke faɗuwa. Gama shafin nan ki zo ki koya mini tseren."