Gidan Miliyan Biyu a Wata

Ruwan AC ne ya haɗa su, ba wani abu ba.

Wirda tana tsaye a rumfar tallan gidaje, a hawa na biyu na wani babban kanti a birnin Padang na ƙasar Indonesiya, ga 'yan gidajen roba jere a kan tebur. Sai ruwa ya fara ɗiga daga silin a kan rufin ɗaya daga ciki. Aka kira mai gyara. Ya zo da tsani a kafaɗa, dogo, ya hau, ya leƙo ƙasa.

"Diak, gidan da kike sayarwa tun yanzu ya fara yoyo?"

Ko ɗago kai ba ta yi ba. "Gidana lafiyarsa ƙalau, Uda. Aikinka ne yake yoyo."

Mu nan kowane saurayi Uda ne, yaya ke nan, kowace budurwa kuma Diak ce, ƙanwa. Amma akwai yadda ake faɗa, kuma na Wirda ya kusa sa bawan Allah ya zamo daga tsani.

Sunansa Zulhendri, ana ce masa Hen. Gyaran da ba ya cin rabin awa sai da ya kai shi la'asar. Da ya sauko ya tsaya gaban ƙyallen da aka rubuta da manyan haruffa: Mallaki gidanka da rupiya miliyan biyu a wata. Ya daɗe yana kallo, har fara'arsa ta ɗauke. Sannan ya karɓi takardar talla, ya ce ko da tambaya za ta taso, wace lamba zai kira? Ta nuna masa ta ofis. Ya ce tambayarsa ba ta ofis ba ce.

Washegari da safe saƙo ya shigo:

"Diak mai gidaje, AC ɗin yana aiki? Ni dai tun jiya nawa ya lalace, zafi nake ji ta ko'ina."

Ta mayar masa: "Ka kira mai gyara. Amma ban da na jiya, kallon mutane yake yi ba aiki ba."

Daga nan sai cin sate, tsiren garinmu, a bakin teku ranar Lahadi, sai rakiya a babur bayan an tashi aiki. Wirda yarinya ce da ban taɓa ganin irinta ba wajen faɗar gaskiya. In ka tambaye ta ko rigarka ta yi kyau, to ka shirya jin amsa. Shi kuwa Hen, mutum ne mai riƙe kuɗi da riƙe magana. Shekara shida yana aiki, ko wayar kirki bai saya ba, ya tara miliyan hamsin. Ya ce mata na gida ne. Ya ce ba zai yi aure ba sai da gidan kansa.

Nan gizo yake saƙar, don kowa ya san yadda muke. Gida na mata ne, daga uwa zuwa 'ya. Miji shi ke tarewa a gidan matarsa, a girmama shi, a zuba masa shinkafa da fari, amma baƙo ne har ya mutu. Wirda kuwa ita kaɗai ce mace a wurin mahaifiyarta. In ta fita, gidan kakanni ya mutu.

Da maganar ta kai kunnen Mamak Syahrial, yayan mahaifiyarta, wanda shi ke yanke magana a kan 'ya'yan ƙanwarsa, sai ya ajiye kofin shayinsa da ƙarfi. Ya ce shi bai ƙi yaron don sana'arsa ba, gyaran AC ba sata ba ne. Amma wane irin suruki ne zai zo ya kwashe 'yar mutane ya kai ta wani akurki a bayan gari, ya bar uwarta da ɗakuna shida da ƙadangaru? Ga Riko nan, ɗan mai shagon gwal, ya ce gobe ma in an zo ɗaukarsa a matsayin ango zai taho da akwatinsa.

Wirda ta ce, "Mamak, Riko ko gidan kaji aka ce ya tare zai tare, in dai akwai mai wanke masa kaya."

Mahaifiyarta ta rufe baki da mayafi. Mamak bai yi dariya ba.

Hen da ya ji, sai ya ƙara taurin kai. A lissafinsa, in ya zo da makulli a hannu babu kawun da zai raina shi. Ranar wata Asabar ya sa farar riga, ya zo rumfar da takardar albashinsa da ta ajiyar banki, yana murmushi har kunne. Ya nuna gidan robar da ruwa ya ɗiga a kai. Ya ce shi yake so, kuma a hannunta zai saya, don ladan cinikin ya shiga aljihunta.

Ogan Wirda yana gefe, har ya miƙo biro. Wata biyu ba ta sayar da ko ɗaya ba, an riga an ja mata kunne.

Ta karɓi biron ta riƙe.

"Uda, ka san nawa ne gidan nan?"

"Miliyan ɗari uku da hamsin. In ba da hamsin, banki ya ba da ɗari uku. Miliyan biyu a wata, shekara ashirin. Albashina shida ne, Diak, zan iya."

"Miliyan biyun na shekara uku ne kawai."

Ta yi masa bayani a hankali, kamar mai cire ƙaya. Bayan shekara ukun farko kuɗin ruwa ba a ɗaure yake ba, yana bin kasuwa, kuma a yadda ake ciki biyan wata zai haura miliyan uku. Fiye da rabin albashinsa ke nan, ga mata, ga 'ya'ya in Allah ya kawo. A shekarun farko kuma yawancin abin da zai riƙa zubawa ruwa ne, uwar bashin ba ta motsi sai kaɗan. In ya kai ƙarshe lafiya, bai yi ciwo ba, ba a sallame shi ba, zai biya wajen miliyan ɗari bakwai da hamsin a kan ɗari ukun da ya karɓa.

"Gida biyu da rabi za ka saya, Uda, ɗaya za a ba ka. Ranar da zai zama naka kana da shekara hamsin."

Ogan ya yi gyaran murya, ya ce ai duk a rubuce yake, ba a ɓoye wa kowa komai ba. Ta ce haka ne, a rubuce yake, da ƙananan haruffa a ƙasa. Ta mayar masa da bironsa.

Ni dai wallahi yarinyar nan ta burge ni. Amma Hen ba abin da ya ji ke nan ba. Abin da ya shiga kunnensa shi ne an ce masa bai isa ba, a gaban mutane, da farar rigarsa. Ya tattara takardunsa.

"Na gane. Mai gwal ba sai an yi masa lissafi ba."

Ya sauka bai waiwayo ba. Ita kuma a ranar aka ɗauke ta daga rumfar aka mayar da ita ofis tana amsa waya.

Ta kira, bai ɗaga ba. Ta rubuta:

"Uda na, ba ƙarfinka na raina ba. Guminka ne ba na so a sha a banza."

Shiru. Riko kuwa ya samu hanya, kullum motarsa tana ƙofar gida da ledar 'ya'yan itacen rambutan, Mamak yana ta washe baki.

Wirda ta rasa gane abu ɗaya. Hen ba wawa ba ne, mutumin da yake lissafin kuɗin fetur. Me ya sa gida ya rufe masa ido haka? Sai ta tuna ya taɓa ce mata mahaifinsa yana zaune a ƙaramin masallacin ƙauyensu, wajen Pariaman, yana share-share da kiran salla. Ta dafa rendang, naman nan mai madarar kwakwa, ta hau mota.

Mahaifin nasa, Pak Bahar, tsoho ne siriri mai yawan godiya. Ya shimfiɗa mata tabarma a barandar ɗan ɗakin da ke jikin masallacin. Tana zaune ta hango ciki: katifa, buta, da wata baƙar jaka a tsaye, zip a rufe. Da zai sake riga don azahar, a jakar ya ciro, ya ninke wadda ya cire ya mayar ya zuge.

Ta tambaye shi ko tafiya zai yi.

Ya yi dariya. Ya ce a'a, sabo ne. Shekara ashirin da biyar ya yi a gidan matarsa, shi ya sake rufin, shi ya haƙa rijiya. Da ta rasu, bayan sadakar kwana ɗari, dangin suka fara gaishe shi da irin gaisuwar da mutum yake ganewa. Ba wanda ya kore shi, al'ada ce. Ya zuba kayansa a jakar nan, Hen yana ɗan shekara goma sha bakwai ya ɗauko masa ita har nan.

"Tun ran nan ban sake buga ƙusa a bangon kowa ba, 'yata. Kar a ce in cire."

Wirda ta yi kuka a motar dawowa, ba ta damu da masu kallo ba. Kafin ta sauka ta rubuta:

"Na ga jakar Baba. Yanzu na san abin da kake saye, Uda. Ka zo gobe da babur, akwai inda zan kai ka. In ka ga dama daga nan kar ka sake yi min magana."

Ya zo, fuska a ɗaure. Ta kai shi wata unguwar sababbin gidaje da aka sayar shekara huɗu baya. A layi ɗaya gida uku ne da takardar gwanjo manne a ƙofa. A gaban ɗaya wani mutum yana ɗaure katifa a saman mota, matarsa tana riƙe da tukunyar shinkafa, yaro yana jan jaka.

Hen ya kashe babur. Jakar yake kallo.

"Ban ce kowa haka yake ƙarewa ba," in ji ta. "Akwai wanda bashin ya yi masa rana, don ya san kuɗinsa tun farko kuma yana da ƙarfinsa. Amma kai gudun zama baƙo kake yi. A gidan Amak, mahaifiyata, baƙon tsohuwa ne kai, mai ajiye maka kan kifi. A can baƙon banki ne, shekara ashirin, kuma shi ba ya jiran kwana ɗari."

Ya ɗauke ido daga jakar. Sannan ya ce, murya ƙasa-ƙasa, "Aikinki fa? An ce an ɗauke ki daga rumfa."

"An ɗauke ni."

"Saboda ni."

"Saboda miliyan ɗari huɗu da hamsin ɗinmu. Ni ba na wasa da kuɗin mijina."

Ya juyo da sauri. Ta gyara hular kwano, ta ce ya tayar da babur, rana tana dukanta.

A wata rumfar shan ruwan kwakwa suka ƙulla shawara. Miliyan hamsin ɗin ba za ta tafi kafin alƙalami ba. Za su sayi ɗan fili kuɗi hannu a bayan gari, da sunansa, abin guminsa da babu dangin da zai ce na kakanni ne. Shi zai tare a gidan Amak kamar kowane miji. Miliyan biyun da ya yi niyyar kai wa banki duk wata, bulo da siminti za ta zama.

Da aka kai wa Mamak Syahrial maganar, ya juya cokali a kofin shayinsa. Shi ma fa a gidan matarsa yake zaune, kuma matar ba ta cika lafiya ba. Ya tambaya nawa ake sayar da mitar fili a wajen. Sannan ya ce yaron yana da hankali, tun farko ma shi ya ga alama. Riko ya kwashe rambutan ɗinsa ya yi gaba.

Bayan babbar salla aka ɗaura aure. Dangin Wirda suka je da ganguna da tiren ganyen taunawa na sirih suka ɗauko ango, kamar yadda ake yi. Hen ya shiga gidan surukai da jakarsa a hannu, amarya tana zaune kanta ya yi nauyi da kambin gwal. Ta saci kallonsa ta ce a hankali, "Sannu da zuwa, baƙo." Ya ce, "AC ɗinku ma yoyo yake yi, na gani."

Ba a shekara biyu ba ɗaki ɗaya ya tashi a filin, da banɗaki da 'yar baranda, ko fenti babu. Mutane suka zaci ma'auratan ne za su koma. Sai ga Hen a babur da Pak Bahar a baya, baƙar jaka a tsakaninsu, Wirda da tsohon ciki tana jiransu a ƙofa.

Tsohon ya shiga ya ajiye jakar a tsaye, kamar yadda ya saba. Ya tambaya ɗakin na waye ne.

Wirda ta miƙa masa guduma da ƙusa.

"Ba na banki ba ne, Baba, ba na dangina ba ne. Ka buga inda kake so."

Ya karɓa. Sai da ya zagaya bangon huɗu kafin ya zaɓi wuri kusa da taga. Bugu uku ƙusar ta shiga. Ya zuge jakar, ya ciro farar rigarsa ta Juma'a, ya rataye, ya tsaya yana kallonta. Hen ya fita baranda wai zai duba babur.

Allah ya yi wa Wirda albarka, ya albarkaci mijinta da abin da ke cikinta, ya ba 'ya'yanmu masu gaya musu gaskiya tun kafin su sa hannu. Rigar tana nan a rataye.