Ƙoƙon Farko

Tulun burkutu na kai kufai ran nan, ba wani abu ba. Aiken ƙanena ne, kuma tun daga gida nake tafe ina zaginsa a zuci.

Sunana Alice. Burkutu nake dafawa a ƙauyenmu, can gefen Kakangi, kamar yadda uwata ta dafa har ta koma ga Mahaliccinta. Ƙanena Andrawus shi ne ya yi makarantar mishan, ya dawo mana da gajeren wando da dogayen safa. A shekarun nan da Turawa suka miƙa mulki amma ba su gama tattara komatsansu ba, sai ya ƙirƙiro wa kansa sana'a. Ranar Asabar zai ɗauko baƙi daga Kaduna a Landiroba, ya zaga da su ƙauyuka su ɗanɗana abincinmu. Nan su ci gasasshiyar doya da yaji, can su lashi zuma, a ruga su sha kindirmo. Shi kuma yana tsaye yana zuba Turanci, yana nuna mu da yatsa kamar mu ma a cikin akushin muke. Abin nan yana ƙona mini rai.

Baƙon wannan Asabar ɗin shi kaɗai ne, wani Bature ɗan ƙasar Girka mai sayen gyaɗa da kaɗanya, ana ce masa Kosta. Ƙato ne mai tumbi, yana jin Hausa a karye. Duk abin da ya sa a baki sai ya lumshe ido ya ce ya tuna masa da ƙauyensu, inda ake cin zaitun da cukun akuya, ana korawa da giyar inabi. Na ce a raina, in ƙauyen naku ya kai haka daɗi, me ya kawo ka namu?

Akwai abin da kowa ya sani a gidanmu. Da can ƙauyenmu a kan dutse yake, cikin dawa, kafin iyayenmu su sauko bakin titi. In an sauke sabon burkutu, ƙoƙon farko ba na kowa ba ne. Sai a juya wajen dutsen a tsiyaye shi a ƙasa, domin mutanen kufai. Tsofaffi suna cewa kakanninmu ne. Maƙwabtanmu Musulmi suna cewa aljanu ne suka tare a gidajen da muka bari. Fasto yana cewa babu kowa. Ni ina zuwa coci, kuma ina tsiyaye ƙoƙona, ban taɓa ganin ɗaya ya hana ɗaya ba.

Da hantsin ranar na buɗe randa, kumfa na ta tsiri-tsiri. Na ɗebo ƙoƙon farko, na juya wajen dutse. Sai na ji an riƙe mini hannu.

"Yaya, a gaban baƙo?" in ji Andrawus, ƙasa-ƙasa. "So kike ya koma Kaduna ya ce har yanzu muna shayar da ƙasa?"

"Sake ni."

Bai sake ni ba. Ya zare ƙoƙon daga hannuna, ya ɗaga wa Kosta shi yana murmushi, ya ce a al'adarmu mai gida ke fara sha don baƙo ya san babu guba. Ya kafa kai ya shanye tas. Har ya goge baki da bayan hannu.

Ni na goya yaron nan. Ni na tauna masa gyaɗa na sa masa a baki lokacin da ba shi da haƙora. Na dube shi na ce, "Yau ko ruwa ba zan sha a inda kake ba." Ya yi dariya, ya ce in shirya tulu, zangon ƙarshe a kan kufai za a yi, baƙo ya sha burkutu yana kallon faɗuwar rana. Ya ƙara da cewa in ɗauki tulun a kafaɗa sosai, Kosta zai ɗauki hoto. Kamar da can a ka nake ɗauka. Mu matan Gwari ba ma ɗora kaya a ka, kai ba jaki ba ne. Abin da muka tashi da shi, yau shi ne abin kallo.

Da na ƙi zuwa. Amma na san abin da ya sha, kuma na san inda za shi.

Mun bar motar a rugar wani tsohon Bafulatani, Bakoji, inda hanya ta ƙare. Tsohon ya ba su kindirmo, ya dubi rana ta yi ja, ya dubi dutsen.

"Andrawus, shanuna ma ba sa bi ta can da almuru," in ji shi.

"Shanu ba su yi makaranta ba, Bappa."

Bakoji ya kalle ni, ni kuma na kau da kai don kunya.

Muka shiga dawa. Ƙarshen damina ne, ciyawa ta fi mu tsawo, ƙasa na warin ruɓaɓɓen ganye. Andrawus na gaba yana bayanin itatuwa, wannan ɗorawa ce, daga ita ake daddawa. Kosta na tsakiya yana haki. Ni ina baya, tulu na ƙwal-ƙwal a kafaɗata, kowane taku da zagin da nake haɗa shi da shi.

Muna fara hawa sai gyare suka yi shiru. Ba a hankali ba. Lokaci guda, kamar an rufe su da ƙwarya.

Sai ƙanshi.

Hayaƙin icen kirya. Tuwon dawa da ya fara kama ƙasan tukunya. Miyar karkashi da daddawa, da ɗan ƙonannen barkono a ƙarshe. Mutum ɗaya na sani mai ƙona barkono haka kafin ta zuba, uwata, kuma da hannuna na yi mata wankan ƙarshe.

Kosta ya tsaya cak. Hancinsa na rawa.

"Burodi," ya ce a hankali. "Burodin uwata. Da ɗan rago a wuta. Wa ya sani a nan?"

"Ba burodi ba ne, miya ce," in ji Andrawus. Muryarsa ta sauya, ta koma ta yaro.

Na ce, "Mu juya."

Babu wanda ya ji ni.

Kufan da na sani tarin duwatsu ne da kututturen rumbuna. Abin da muka tarar tsakar gida ce shararriya fes, an shimfiɗa tabarma a gindin tsamiya. Akusa a jere, tururi na tashi. Murhu na ci, amma wutar ba ta ƙara, ba ta tartsatsi. Babu kaza, babu kare. Babu ƙuda ko ɗaya a kan abincin.

Suka zauna kamar an kira sunansu. Ni na tsaya da tuluna.

Kosta ya ɗauki wani ƙoƙo ya shinshina. Hawaye suka zubo masa. Ya ce giyar ƙauyensu ce, mai ƙanshin ƙaro, rabonsa da ita tun yana saurayi. Ni abin da na gani a ƙoƙon baƙi ne, ba ya motsi.

Daga bayan rumbu sai ga ta.

Zanen saƙinta ne. Tafiyarta ce, da ɗan ɗingishin ƙafar hagu. Fuskar ma tata ce, har da tabon da tafasasshen burkutu ya yi mata a haɓa. Na ji ina so in yar da tulun in ruga in faɗa jikinta.

Sai na ga tukunyar da ta ɗauko.

A ka ta ɗauko ta.

Uwata ta yi shekaru tana hawa dutsen nan da itace da ruwa, kafaɗarta har ta yi kanta, ba ta taɓa ɗora ko ludayi a kanta ba. Duk abin da ya ari fuskarta bai san wannan ba. Tsoro ya kama ni, amma haushi ya riga shi isa. A ce har uwata za a sa a yi tallar abinci da ita.

"Andrawus," na ce da raɗa. "Dubi kanta."

Ya duba. Bai ga komai ba. Ya daɗe da daina ganin irin waɗannan abubuwa, sai in zai nuna wa baƙo.

"Mama," ya ce.

Ta sauke tukunyar a gabansa. Ba ta ɗanɗana ba. Ba ta dube ni ba.

"Ka sha namu da safe," in ji ta. Bakin bai motsa daidai da maganar ba. "Yanzu ci namu."

Ya sa hannu.

Kosta ya kai ƙoƙo bakinsa, sai ya dakata. Ya yi wata magana da yarensu, ya karkata ƙoƙon, ya tsiyaye kaɗan a ƙasa. Daga baya ya gaya mini haka kakarsa take yi, domin matattu, hannunsa ne kawai ya tuna. Baƙon da aka ji kunyarsa, ashe su ma suna shayar da ƙasa.

Inda abin ya zuba, ƙasa ta yi cuu. Kosta ya dubi ƙoƙon, ya dubi akusan. Ya yi baya da gindi yana kakarin amai.

Toka ce. Toka da ƙasar suri, gara na yawo a ciki.

Andrawus na ci. Loma bayan loma. Ina jin ƙasa na ƙas-ƙas a haƙoransa, yana murmushi.

Bayan tsamiya wasu suka fara fitowa. Ban ƙirga su ba. Kowanne da fuskar wani da na taɓa binnewa, kowanne da akushi a ka.

Na sauke tulun daga kafaɗata.

"Ƙoƙo ɗaya ya sha muku," na ce. Muryata ta fita da ƙarfi fiye da yadda na so. "Ƙoƙo ɗaya. Ga tulu. Ku cire fuskar uwata, ku ba ni ƙanena."

Na maka tulun da ƙasa.

Ya tarwatse. Burkutun bai malala ba. Ƙasa ta shanye shi, ina jin ƙwat, ƙwat, ƙwat, kamar maƙogwaro.

Duk suka durƙusa suka kifa fuska a wurin. Har da ita.

Na damƙi wuyan rigar Andrawus. Ya yi nauyi kamar turmi. Kosta ya kama ƙafafunsa, muka ja.

Wadda ta ari fuskar uwata ta ɗago. Babu fuska yanzu, sai jiƙaƙƙiyar ƙasa.

"Ɗauki abin da za ki iya ɗauka," in ji ta. "Ya riga ya ci."

Muka gangaro. Ƙaya ta yage mini zane, ban ji ba. Ƙanshin miyar na bin mu a baya, kusa, kamar numfashi a ƙeya. Bai bar mu ba sai da muka ji kukan shanun Bakoji.

Kosta bai ƙara zuwa yawon cin abinci ba. Ya sayar da shagonsa kafin kaka ta zagayo, aka ce ya koma ƙasarsu. Landirobar ta ruɓe a bayan gidanmu, kaji na ƙwai a ciki.

Andrawus ya tashi washegari, yana tafiya, yana gaisuwa. Amma abinci ya ƙi shi. In na sa masa tuwo a baki sai ya tauna ya tauna ya tofar, ya ce ƙasa ce. Fasto ya yi addu'a. Wani malami daga Dogon Dawa ya yi rubutu. Mun kai shi asibiti, suka ce ba su ga komai ba. Yana ta zubewa a gabana, ni kuma ina dafawa ina kwashewa ina zaginsa, don in na daina zagi kuka zan yi.

Ran da na sauke burkutu na gaba, yana zaune a kan turmi a bakin ɗaki, ƙashi da fata. Na ɗebo ƙoƙon farko, na juya wajen dutse, na tsiyaye. Ba don girmamawa ba. Da haushi na zuba.

Sai na ji ƙwat a bayana.

Na waiga. Maƙogwaronsa na motsi. Ya haɗiye, ya sake haɗiyewa, ya goge busasshen bakinsa da bayan hannu.

"Yaya," ya ce, "na yau ya ɗan yi tsami."

Tun daga ranar, kullum da almuru nake ɗaukar tuwonsa da miyarsa in fita bayan gida in juye a ƙasa. Yana zaune a kan turmi yana taunawa. Ya yi ƙiba, har kumatu ya mayar. Mutane suna cewa Andrawus ya warke, suna yi mini barka.

Ni kuwa na san a wace tabarma yake cin abincin.